Yadda fina-finai marasa sauti suka adana bukukuwan 'yancin kan Meziko

A watan Satumban 1910 ƙasar Meziko ta shafe wata guda cur tana bikin cika shekara 100 da fara gwagwarmayar ƙwatar 'yancin kanta daga hannun Sifaniya. An yi fareti, an buɗe manyan gine-gine, an karɓi jakadu daga Turai da Asiya da sassan nahiyar Amurka. A gefen titunan babban birnin kuwa, akwai wasu mutane ƙalilan da suka ɗora akwatunan katako a kan mazauni mai ƙafa uku, suna juya mariƙinsu da hannu. Su ne masu ɗaukar fim na farko a ƙasar. Abin da suka ɗauka babu sauti, babu launi, kuma ba wasan kwaikwayo ba ne. Ainihin abin da ya wuce ta gaban kyamara ne.

Ƙasa da wata biyu da watsewar taron, juyin juya hali ya ɓarke. Kafin shekara ta zagayo, shugaban da aka shirya bikin domin nuna ƙarfin mulkinsa, Janar Porfirio Díaz, yana zaman gudun hijira a Turai. Fina-finan da aka ɗauka don yabon gwamnati sai suka koma shaida a kan kwanakinta na ƙarshe, darajar da masu ɗaukarsu ba su yi zaton za su samu ba.

Ranaku biyu na 'yanci

Asalin bikin yana komawa ne ga asubahin ranar 16 ga Satumba, 1810, a wani ƙaramin gari da ake kira Dolores a yankin Guanajuato. A nan ne limamin cocin garin, Miguel Hidalgo, ya sa aka kaɗa ƙararrawa, jama'a suka taru, ya kira su da su tashi tsaye su yaƙi masu mulkin mallaka. Wannan kira ne mutanen ƙasar ke ce wa Grito de Dolores, wato Kururuwar Dolores. Hidalgo bai ga ƙarshen abin da ya faro ba, domin an kama shi aka harbe shi a Chihuahua a watan Yulin 1811. Wani limamin, José María Morelos, ya karɓi tutar, shi ma aka kashe shi a Disambar 1815. Sai a ranar 27 ga Satumba, 1821 ne rundunar Agustín de Iturbide ta shiga birnin Meziko, mulkin Sifaniya na shekara 300 ya zo ƙarshe. Shi Iturbide tsohon hafsa ne a sojojin Sarkin Sifaniya, wanda ya sauya sheƙa ya haɗa kai da jagoran 'yan tawaye, Vicente Guerrero.

Ke nan ƙasar tana da shekaru biyu da za ta iya danganta 'yancinta da su, kowace da irin nauyinta a siyasa. Shekarar 1810 ta manoma da talakawa ce da suka bi limami riƙe da adduna da sanduna. Shekarar 1821 kuma ta hafsoshi da masu dukiya da manyan coci ce, waɗanda suka zauna suka sasanta. Duk gwamnatin da ta tashi shirya biki sai ta zaɓi wadda za ta ɗaga da wadda za ta rage wa murya, kuma wannan zaɓi yana bayyana ƙarara a cikin fina-finan.

Ƙararrawar Dolores a gaban kyamara

'Yan'uwan nan biyu na Faransa, Auguste da Louis Lumière, sun fara nuna fim ga masu biyan kuɗi a birnin Paris ranar 28 ga Disamba, 1895. Wata bakwai bayan nan wakilansu biyu, Gabriel Veyre da Claude Ferdinand Bon Bernard, suka sauka a Meziko da na'urarsu. Ba su nufi kasuwa ba sai da suka fara gaida mai gari: ranar 6 ga Agusta, 1896 suka yi wa Shugaba Díaz da iyalinsa da muƙarrabansa majigi a fadar Chapultepec. Bayan mako guda aka buɗe ƙofa ga 'yan jarida, sannan ga sauran jama'a, a wani ɗaki da ke ginin kantin magani na titin Plateros. Titin nan a yau sunansa Madero, sunan mutumin da ya kawo ƙarshen mulkin Díaz.

Na'urar Lumière aiki uku take yi. Ita ke ɗaukar hoto, ita ke buga kwafi, ita ke haska shi a bango. Sai dai zaren fim ɗin da take ɗauka bai wuce mita 17 ba, wanda ke ƙarewa kafin minti ɗaya ya cika. Veyre, saurayi ɗan shekara 25 da ya karanci haɗa magunguna, ya ɗauki irin waɗannan gajerun hotuna fiye da 30 a Meziko. Wanda ya fi shahara shi ne na Díaz a kan doki yana kilisa a dajin Chapultepec, abin da ya sa marubuta ke yi masa laƙabi da tauraron fim na farko a ƙasar. Tsohon sojan ya gane amfanin na'urar tun daga ganin farko, bai kuma taɓa gudun ta ba.

Zuwan Veyre ya dace da wani babban lamari. A wannan shekarar ce gwamnati ta sa aka ɗauko ƙararrawar cocin Dolores zuwa babban birni, aka bi da ita cikin jerin gwano a tsakiyar watan Satumba, aka rataye ta a saman babbar barandar Fadar Ƙasa, inda take har yau. Veyre ya ɗauki wucewar ayarin, hoton kuma ya shiga kundin fina-finan kamfanin Lumière da sunan jigilar ƙararrawar 'yanci. Ya ɗauki kuma 'yan sandan karkara masu dawaki, waɗanda ake kira rurales, suna sukuwa. Wannan shi ne farkon haɗuwar bikin 'yancin Meziko da fim, kuma tun daga nan aka ga inda aka dosa: abin tarihin da ya fito daga ƙauye ya tare a fadar shugaban ƙasa, kyamara kuma ta tsaya a inda hukuma ta ba ta wuri.

Veyre ya bar Meziko a watan Janairun 1897 zuwa Kuba. Daga baya ya yi zango a Maroko, inda ya koya wa Sultan Abdul'aziz ɗaukar hoto, a Casablanca kuma ya rasu a 1936.

'Yan ƙasa sun karɓi sana'ar

Bayan tafiyar Faransawan, 'yan ƙasa suka sayi na'urori suka shiga harkar. Fitacce a cikinsu shi ne Salvador Toscano, wanda aka haifa a jihar Jalisco a 1872, ya karanci aikin injiniya, ya buɗe ɗakin majigi a titin Jesús María a 1897. Akwai Enrique Rosas, wanda ya ɗauki ziyarar Díaz zuwa Mérida a 1906. Akwai kuma 'yan gidan Alva daga Morelia, wato Salvador da Guillermo da Eduardo da Carlos, waɗanda suka ɗauki ganawar Díaz da Shugaban Amurka William Howard Taft a El Paso da Ciudad Juárez ranar 16 ga Oktoba, 1909.

Waɗannan mutane 'yan kasuwa ne kafin su zama komai. Mutum ɗaya ke ɗauka, ya wanke, ya haɗa, ya buga takardar talla, ya tsaya a bakin ƙofa ya karɓi kuɗin shiga. Wasunsu sukan bi layin dogo gari-gari da na'urarsu, su kama hayar gidan wasa ko su kafa tanti. Ana raka hoton da kiɗan fiyano ko na wata 'yar ƙungiyar makaɗa. A ƙasar da ke da mutum kimanin miliyan 15 a 1910, wadda kusan kashi uku cikin huɗu na jama'arta ba su iya karatu ba, majigi ya isa inda jarida ba ta isa.

Abin da suke ɗauka suna kiransa vistas, wato abubuwan gani. Masanin tarihin fim na Meziko, Aurelio de los Reyes, ya nuna cewa waɗannan masu ɗauka sun gina wani salo nasu na daban: suna jera hotuna bisa tsarin da abubuwan suka faru, tashin jirgin ƙasa, tashoshin hanya, isowa, tarba, jawabi, komawa gida, ba tare da tsallake ko sharhi ba. Rubutun da ake saka wa tsakanin hotuna yakan faɗi wuri da sunan babban baƙo ne kawai. Hakan ya yi daidai da tunanin masu ilimin zamanin Díaz, waɗanda suka ɗauki kimiyya a matsayin alƙalin komai, suka kuma yi imani cewa na'ura ba ta ƙarya. Ta haka gajerun hotunan minti ɗaya suka riƙa haɗuwa suna zama dogayen shirye-shirye, tun kafin dogon fim na wasan kwaikwayo ya zama ruwan dare.

An gwada wasan kwaikwayon ma. A 1907 Felipe de Jesús Haro ya shirya fim mai suna El Grito de Dolores, ya fito da kansa a matsayin Hidalgo, aka riƙa maimaita shi a lokutan bikin Satumba. Amma ƙarfin sana'ar a wancan zamani yana wajen ɗaukar abin da ke faruwa a titi.

Satumban 1910

Díaz ya hau mulki a 1876, kuma in ban da shekara huɗu daga 1880 zuwa 1884 da ya ba amininsa Manuel González riƙo, bai sauka ba. A 1910 yana cika shekara 80 da haihuwa, ranar haihuwarsa kuma ita ce 15 ga Satumba, daren da ake yin Kururuwar. Ana yawan cewa shi ya janyo bikin daga 16 zuwa daren 15 don ya dace da ranarsa, amma masana tarihi sun nuna cewa an saba yin taron daren tun shekarun 1840. Abin da ba a musu a kansa shi ne, dacewar ta yi masa daɗi, ta kuma taimaka wajen narkar da bikin ƙasa da na shugaba su zama abu guda.

An tsara watan ne domin idon duniya. Gwamnati tana so ta nuna wa masu zuba jari da masu ba da bashi cewa Meziko ta bar zamanin juyin mulki da 'yan fashi, ta shiga sahun ƙasashen da suka ci gaba. Ranar 1 ga wata aka buɗe katafaren asibitin masu taɓin hankali na La Castañeda. Washegari aka shigo da kwanon dutsen da aka yi wa Hidalgo baftisma a cikinsa zuwa gidan tarihi na ƙasa, ɗaliban makarantu suna rakiya. Sarkin Jamus Wilhelm na Biyu ya aiko da mutum-mutumin masanin nan Alexander von Humboldt. Mazauna birnin 'yan asalin Daular Usmaniyya suka ba da agogon titi, aka kuma kafa wani agogon da ke tuna zumunci da ƙasar Sin. An kai manyan baƙi kufan Teotihuacán su ga Dalar Rana, wadda Leopoldo Batres ya shafe shekaru yana tonewa da gyarawa domin wannan lokaci.

Toscano, tare da abokin aikinsa Antonio Ocañas, da 'yan gidan Alva, da wasu takwarorinsu, suna bin waɗannan taruka ɗaya bayan ɗaya. Abin da aka ɗauka yau, cikin 'yan kwanaki yana kan bango a gidajen kallo, mutanen da suka tsaya a titi suna biyan kuɗi su ga abin da cunkoso ya hana su gani, wani lokaci har su tsinci fuskarsu a cikin taron.

Babu abin da ya dace da kyamara kamar Faretin Tarihi na safiyar 15 ga Satumba. An kasa shi kashi uku, ya taso daga babban titin Reforma ya nufi dandalin Zócalo da ke gaban Fadar Ƙasa. Kashi na farko ya kwaikwayi haɗuwar Sarkin Aztek, Moctezuma, da jagoran mamaya Hernán Cortés a 1519: ga sarki an ɗauko shi a kan karaga, ga mayaƙa da hulunan gashin tsuntsu, ga Sifaniyawa a kan dawaki sanye da sulke. An ɗebo 'yan asalin ƙasar daga jihohi domin su fito a matsayin kakanninsu. Kashi na biyu ya maimaita wani jerin gwano na zamanin mulkin mallaka da ake yi duk shekara don tuna faɗuwar birnin Tenochtitlan a 1521. Kashi na uku, na 'yanci, ya nuna shigar rundunar Iturbide cikin birni a 1821, sojoji cikin kaki, sahu-sahu.

A nan zaɓin gwamnati ya fito fili. Shekarar da ake wa biki 1810 ce, amma abin da aka kwaikwaya a titi 1821 ce. An girmama Hidalgo da Morelos da kekunan ado, sai dai ba a ga dandazon manoma masu adduna da suka bi su ba. Gwamnatin da ta gina sunanta a kan doka da oda ba za ta so a tuna wa talakawan birni yadda kakanninsu suka yi bore ba. Fim ɗin faretin, ba tare da furta kalma ɗaya ba, ya adana wannan gyaran fuska da aka yi wa tarihi.

Washegari, 16 ga wata, Díaz ya buɗe Hasumiyar 'Yanci a kan titin Reforma, aikin mai zanen gine-gine Antonio Rivas Mercado, wadda ke ɗauke da mutum-mutumi mai fukafukai da ruwan zinari da mutanen birnin ke kira Mala'ika. Aka yi faretin soja, har da sojojin ruwa na Jamus da Faransa da Ajantina da Brazil. Ranar 17 wakilin Sifaniya, Marquis na Polavieja, ya mayar da kakin Morelos da sojojin ƙasarsa suka ƙwace shekara kusan 100 da suka wuce, aka raka kayan zuwa fada cikin girmamawa. Isowar Polavieja da miƙa kakin duk an ɗauke su a fim. Ranar 18 aka buɗe dandalin tunawa da Shugaba Benito Juárez, Faransa kuma ta dawo da makullan birnin da aka miƙa wa sojojinta lokacin mamayar 1863. Ranar 22 ministan ilimi Justo Sierra ya jagoranci buɗe Jami'ar Ƙasa. Ranar 23 aka aza harsashin sabon ginin majalisa, ginin da bai taɓa kammaluwa ba. Ƙwarangwal ɗin ƙarfensa ne daga baya aka mayar Hasumiyar Juyin Juya Hali.

Abin da na'urar ta kasa ɗauka

Zuciyar bikin duka ita ce ƙarfe 11 na daren 15 ga Satumba, lokacin da shugaban ƙasa ke fitowa baranda ya kaɗa ƙararrawar Dolores, ya ɗaga murya yana ambaton jaruman 'yanci, dubban jama'a suna amsawa. Wannan kuwa shi ne daidai abin da fim ɗin wancan zamani ba shi da iko a kansa. Kururuwa sauti ce, fim ɗin kuma bebe ne. Taron na dare ne, zaren fim ɗin kuma ba ya kama fuskar mutum sai da hasken rana mai ƙarfi. Shi ya sa abin da ya fi yawa a hotunan bikin shi ne fareti da saukar baƙi da yanke ƙyalle, wato ɓangaren da hukuma ta tsara, take kuma iya sarrafawa.

A cikin duhun kuwa akwai labari. Francisco I. Madero, ɗan gidan attajirai daga Coahuila da ya tsaya takara da Díaz, an kama shi tun watan Yuni, aka yi zaɓe yana tsare a San Luis Potosí, aka ce Díaz ya sake lashewa. Ranar 11 ga Satumba masu adawa da tazarce suka yi gangami a babban birnin, 'yan sanda suka tarwatsa su, har aka jefi gidan shugaban da duwatsu. Marubuci Federico Gamboa, wanda a lokacin babban jami'i ne a ma'aikatar harkokin waje, ya rubuta a littafin tarihin kwanakinsa cewa a daren Kururuwar wasu gungun mutane sun ratso dandali ɗauke da hoton Madero. Da jakadan Jamus na musamman ya tambaye shi ko hoton wane ne, sai ya ce na Díaz ne. Jakadan ya yi mamakin gemun da ya gani, Gamboa ya ce ai shugaban ya taɓa ajiye gemu a ƙuruciyarsa. Irin wannan lamari alƙalami ne ya riƙe shi, kyamara ba ta wurin.

Ko da rana ma an share wa kyamarar fage. Hukumomi sun yi ƙoƙarin kawar da mabarata daga tsakiyar birni, aka kuma matsa wa maza 'yan ƙauye da su sa wando irin na Turawa maimakon farin wandon auduga da suka saba. Ɗan asalin ƙasa ya samu karɓuwa a matsayin Aztek mai hular gashin tsuntsu a cikin fareti, amma a matsayinsa na talaka mai rai ana jin kunyar baƙi su gan shi.

Duk da haka, tsoho bai iya ɓoye furfura. Kyamarar wancan zamani a kafe take, tana ɗaukar fili mai faɗi, ba ta iya zaɓar fuska ɗaya ta watsar da saura. Don haka a gefen kowane ayari ana ganin waɗanda ba a gayyata ba: maza da manyan malafuna, mata lulluɓe da mayafi, yara suna kutsowa suna zura wa na'urar ido, dakarun tsaro suna tura jama'a baya. Ga mai kallo na yau, waɗannan gefuna sun fi tsakiyar hoton ban sha'awa, domin daga irin waɗannan mutane ne rundunonin juyin juya hali suka cika bayan 'yan watanni.

Hoto ɗaya, ma'ana biyu

Madero ya tsere zuwa San Antonio a jihar Texas ta Amurka a watan Oktoba, ya fitar da sanarwar da ta kira jama'a su ɗauki makami ranar 20 ga Nuwamba, 1910. A watan Mayun 1911 Ciudad Juárez ta faɗa hannun 'yan tawaye. Díaz ya yi murabus ranar 25 ga Mayu, ya shiga jirgin ruwan Jamus mai suna Ypiranga daga Veracruz, ya rasu a Paris a 1915.

Masu ɗaukar fim ba su ɓata lokaci ba. Ocañas, wanda ya ɗauki Díaz a bikin Satumba, shi ne ya tafi arewa ya ɗauki Madero da tafiyarsa ta nasara zuwa babban birni, inda ya shiga ranar 7 ga Yuni, 1911. 'Yan gidan Alva suka bi tawayen Pascual Orozco a 1912 da kwanaki goma na luguden wuta a birnin Meziko a Fabrairun 1913, waɗanda suka ƙare da kisan Madero. Salon da suka koya a wurin fareti, na bin lamari daki-daki, shi suka kai fagen yaƙi.

Toscano kuwa ya zama mai tara hotuna. Ya riƙa saye da musayar fina-finan wasu yana haɗawa da nasa, yana fitar da dogayen shirye-shirye na tarihin juyin juya hali, lokaci zuwa lokaci yana ƙara musu sabbin sassa. A cikin waɗannan shirye-shirye hotunan Satumban 1910 sun koma gabatarwa. Ba a canja ko ɗigo a cikinsu ba, amma da aka ajiye kekunan dawakin jakadu da manyan hulunan attajirai dab da hotunan jiragen ƙasa maƙare da mayaƙa, sai abin da aka ɗauka a matsayin shaidar ci gaba ya zama shaidar gafala. Masu cewa na'ura ba ta ƙarya sun manta da hannun da ke riƙe da almakashi.

Bikin 1921

Bayan shekara goma na yaƙi, gwamnatin Janar Álvaro Obregón ta shirya bikin cika shekara 100 da kammala samun 'yanci a Satumban 1921. Matsalarta kishiyar ta Díaz ce. Shekarar ta Iturbide ce, mutumin da ya naɗa kansa sarki a 1822, gwamnatin kuma ta 'yan juyin juya hali ce. Sai aka rage masa haske aka ɗaga Guerrero, har Majalisar Wakilai ta cire sunan Iturbide daga bangon girmamawarta a watan Oktoban shekarar. Amurka ba ta amince da gwamnatin Obregón ba tukuna, sai a 1923, saboda haka bikin ya juya ya fuskanci 'yan gida. Aka yi baje kolin sana'o'in hannu na gargajiya ƙarƙashin masu zane irin su Dr. Atl da Roberto Montenegro da Jorge Enciso, aka yi daren raye-rayen gargajiya a Chapultepec, jaridar El Universal kuma ta shirya gasar kyau ta 'yan mata 'yan asalin ƙasa, wadda María Bibiana Uribe daga tsaunukan Puebla ta lashe. Kayan ƙauye da aka kora daga titi a 1910 su ne ado a 1921.

An ɗauki wannan biki ma a fim, Toscano yana cikin masu ɗauka. Sai dai kasuwa ta riga ta sauya. Fina-finan wasan kwaikwayo na Italiya, sannan na Hollywood, sun mamaye gidajen kallo, dogon fim na fareti kuma ya fara komawa gajeren labarin da ake haskawa kafin babban shiri.

Abin da ya tsira

Mafi yawan fina-finan Meziko marasa sauti sun salwanta. Zaren fim na lokacin da sinadarin naitiret ake yin sa, wanda ke ruɓewa in ya daɗe, yake kuma kamawa da wuta kamar fetur. A Fabrairun 1909 gobarar da ta tashi daga na'urar majigi a gidan wasa na Flores da ke Acapulco ta kashe ɗaruruwan mutane. Ranar 24 ga Maris, 1982 wata gobarar ta cinye ma'adanar fina-finai ta ƙasa, Cineteca Nacional, dubban fina-finai suka ƙone.

Hotunan bikin 1910 sun tsira ne saboda wasu ɗaiɗaikun mutane sun ƙi zubar da su. Toscano ya rasu a 1947. 'Yarsa Carmen, wadda aka haifa a shekarar bikin, ta zauna da tarin mahaifinta ta fitar da fim mai suna Memorias de un mexicano a 1950, wato tunanin baya na wani ɗan Meziko. Ta sa masa kiɗa da muryar wani mai ba da labari na ƙirƙira, abin da ya kai hotunan ga sabbin masu kallo, amma ya ɗora musu fassarar da babu ita a asali. An nuna shi a bikin fina-finai na Cannes a 1954, gwamnati kuma ta ayyana shi a matsayin abin tarihin ƙasa a 1967. Hotunan 'yan gidan Alva sun isa ma'adanar fina-finai ta Jami'ar Ƙasa, Filmoteca de la UNAM, wadda aka kafa a 1960, a cikin jami'ar da aka buɗe a wancan Satumban. Daga hotunan da ma'adanar ta gyara ne José Ramón Mikelajáuregui ya haɗa fim ɗin La historia en la mirada a daidai lokacin da ƙasar ke cika shekara 200 da Kururuwar Dolores.

Aikin gyaran yana da wuyar sha'ani. An ɗauki hotunan ne da hannu, kimanin hoto 16 a daƙiƙa ɗaya, saurin kuma yana sauyawa gwargwadon ƙarfin damtsen mai juyawa. In aka haska su da na'urar zamanin sauti mai hoto 24 a daƙiƙa, sai a ga janar-janar da jakadu suna sassarfa kamar 'yan wasan barkwanci, don haka sai an daidaita saurin kowane sashe da kansa. Da yake kuma masu majigin farko sun yi ta kwafar hotunan juna suna yankawa suna liƙawa, tantance wanda ya ɗauki wane hoto, da ranar da ya ɗauka, aiki ne na bincike. Masana kan gwada hotunan da tallace-tallacen gidajen kallo a tsofaffin jaridu, da kuma babban kundin hukuma na bikin wanda Genaro García ya tsara aka buga a 1911, inda aka jera tarukan watan tare da hotunan kati da sunayen mahalarta.